Kunnen Ozella na Hagu

Tun da Ozella Tibbs ta sa ƙafa cikin shagon ta ja ta tsaya cak. Ba taron ne ya firgita ta ba, domin rabin mutanen da ke wurin cocinsu ɗaya. Lasifikoki biyu ta hango a ƙuryar ɗakin, kowanne ya kai tsawon mutum, baƙaƙe wuluk, kamar an jingine akwatunan gawa a bango.

"Mama, ki saki fuska mana," in ji 'yarta Renita, tana riƙe da hannunta na dama, ɓangaren da kunnen uwar ke ji. "Biki muka zo, ba zaman makoki ba."

Biki ne kuwa. A shekarar 1968 Purvis Gaither ya yi faifan nan nasa, Ruwa a Kan Kwano, wanda har yau ba gidan baƙar fata a Memphis da ba a taɓa rawa da shi ba. Yanzu, bayan shekara ashirin da ɗoriya, wani kamfani ya sayi tsofaffin zarurrukan tef ɗin da aka ɗauki waƙoƙin a kai, ya wanke su tas, ya fito da su a faifan sidi. Ranar Asabar ɗin nan da rana za a fara jin su, a shagon da ake sayar wa masu hali kayan sauti. An gayyaci duk wanda ya taɓa faifan yana da sauran numfashi. Ozella tana cikin 'yan amshi uku, lokacin ba ta cika ashirin ba. Ɗaya ta rasu, ɗaya ta koma Chicago ba ta ko amsa waya. Saura ita.

Ba don Renita ba, da ko da igiya ba mai jawo ta nan. Purvis zai zaga jihohi da sabon faifan, ya kuma zaɓi Renita cikin 'yan amshinsa. Jibi Litinin motarsu za ta tashi. Ozella ta yi iya yinta. Ta ce hanya ba kyau, ta ce karatu bai ƙare ba, ta ce mawaƙa ba su da tabbas. Kullum amsar yarinyar ɗaya ce: "Mama, ba ni dalili guda na gaskiya, in fasa." Dalilin yana nan, amma Ozella ba ta taɓa faɗinsa ba.

"Ozella! Ke ce ko fatalwarki?" Wata mace mai faffaɗar hula ta rungume ta. Verlene ce, shugabar matan coci. "Zo ki ɗebi tarwaɗa tun tana da zafi. Baiwar Allah, kin ga yadda Purvis ya ɗaga mu? Da ya yi mana rufin coci, yanzu ga shi ya ɗauki 'yarki."

Ozella ta karɓi farantin soyayyen kifi da burodin masara, ta riƙe shi kawai. Can jikin bango ta hangi Elroy mai gangan Purvis, wanda da shi aka yi faifan kuma da shi za a yi tafiyar jibi, ya tsufa, ya rame. Idonsu ya haɗu, ya yi maza ya mai da nasa kan kofin shayinsa mai ƙanƙara.

Sai ƙofa ta buɗe, ɗakin ya ɗauki tafi.

Purvis bai rage komai ba sai gashi. Kafaɗun suna nan, kwat ruwan ƙwai, da zoben nan mai kan zaki a yatsarsa ta dama. Ya ratso mutane yana raha, har ya iso gabanta. Ƙamshin turarensa bai canza ba.

"'Yar tsuntsuwata," ya ce, ya sunkuyo ta kunnenta na hagu da gangan, sannan ya yi dariya ya zagayo dama. "Af, na manta. Ta nan ake shiga gidan, ko? 'Yar nan taki tana da murya, Ozella. Ɗanya ce, amma zan gyara ta."

"Sannu, Mista Gaither," abin da ta iya faɗa ke nan.

Renita ta yi murmushi har kunne. Ita abin da ta sani, zazzaɓi ne ya kashe wa uwarta kunne tun tana ƙarama.

Wani saurayi Bature mai tabarau ya tafa hannu, aka yi shiru. Kessler sunansa, shi ne injiniyan da ya yi aikin wanke tef ɗin, yana rawar jiki kamar wanda aka haifa wa ɗan fari. Ya ce a zamanin da aka yi faifan, ɗaki guda ake tara kowa, masu ƙaho da mai ganga da 'yan amshi, a ɗauka lokaci guda.

"Ka gaya musu dokar!" wani tsoho ya yi ihu daga baya.

"Jar fitila!" mutane da yawa suka amsa suna dariya.

Kowa ya san ta. In jar fitila ta kama a bangon situdiyo, ba mai tsayawa sai ta mutu. Ko ƙudan zuma ya harbe ka, ko igiyar jita ta tsinke, ka ci gaba. Wanda ya tsaya ya ɓata ɗauka, kuma shi zai amsa a gaban Purvis.

Kessler ya nuna musu wani ɗan maɓalli a jikin na'urar. Ya ce tef ɗin gida biyu gare shi: muryar Purvis da ƙahoni a dama, 'yan amshi da ganga a hagu. In ka murɗa nan, ɓangare guda ya yi shiru ka ji ɗayan shi kaɗai. Ya murɗa ya gwada musu da 'yar gutsuren waƙa, aka yi ta mamaki.

"Ga kuma babban albishir," ya ce. "Kun san waƙar ƙarshe, Bakin Kogi, yadda sautin ke raguwa a hankali har ya ɓace? Da na ɗora zaren asali, sai na ga ashe waƙar ba a nan ta ƙare ba. Injiniyan da ne ya rage ta da hannunsa. Akwai sauran kiɗa a baya, wuta zalla! Mun bar shi ya tafi har ƙarshe. Ba wanda ya taɓa jin sa."

Farantin ya karkace a hannun Ozella, kifin ya zame ƙasa.

Ita ta ji shi. Shi ne abu na ƙarshe da kunnenta na hagu ya ji a duniya.

Ta juya neman ƙofa, amma mutane sun cika hanya, ga Kessler ya riga ya kama hannunta. Akwai kujera guda ta fata a tsakiyar ɗakin, daidai tsakanin lasifikokin biyu, inda ya ce nan ne sauti ke haɗuwa. Purvis ya ce shi ba ya zama, tsayuwa ya saba, a ba uwargida. Aka zaunar da ita ana tafi. Renita ta durƙusa gefenta.

Waƙar farko ta tashi.

Ozella ta san faifan nan da ƙaiƙayinsa, da shuuu ɗin allura a kan garmaho, wanda ke lulluɓe komai kamar labule. Yau an yaye labulen. Ta ji ƙarar kujerar Elroy in ya motsa. Ta ji mai ƙaho yana jan numfashi kafin ya busa. Ta ji fankar da ke juyawa a rufin situdiyon, wadda ba ta hana zafin watan Agusta komai ba. Ɗakin nan ne ya taso daga kabari, da warin gumi da taba, ya zauna a kanta. Da ta ɗan karkata kai don kunnenta mai ji ya fuskanci hagu, sai ga wata yarinya tana waƙa, murya siririya, garau, ba tsoro a cikinta.

"Mama, ke ce wannan?" Renita ta raɗa. "Wayyo Allah, Mama!"

Ozella ta runtse ido. Waƙa ta biyu ta wuce, ta uku ta shigo. Mutane suna kaɗa kai, Verlene tana fifita da hularta tana cewa, "Faɗa musu, Purvis!" Duk waƙar da ta ƙare, sai Ozella ta ji kamar an ƙara matso da ita bakin rijiya. Gumi ya keto mata, rigarta ta manne da kujerar. Me za ta ce wa Renita? Da wane ido za ta dubi matan coci gobe? Purvis kuma, in aka ji, me zai yi? Ta tuna maganarsa a bayan situdiyon ranar da aka ɗauki faifan, tana riƙe da tsumma a kunne, jini yana bin wuyanta: "Kika buɗe baki, sai na cika miki ɗayan." Ta ɗauki maganar nan ta yi aure da ita, ta haihu da ita, ta binne miji da ita.

A tsakiyar wata waƙa ta ji wani ɗan sauti, ƙas, ƙas, ƙarfe a kan ƙarfe. Zoben ne a jikin sandar makirfo. Haka yake yi in wani ya kuskure, ma'ana, na ji ka, za mu haɗu. A tsohon faifai ba a jin sa. Kafaɗunta suka ɗaga da kansu. Can jikin bango, Elroy ya ajiye kofinsa.

Sai Bakin Kogi.

Ta zo a hankali, jita da ganga, Purvis yana roƙon wata mace ta jira shi. Ko Ozella ba ta musun cewa mutumin ya iya waƙa, abin da ya fi ci mata rai ke nan. Aka kai inda 'yan amshi ke maimaita baiti guda, ƙahoni suna hawa. Nan ne sautin ya saba raguwa. Jikin kowa ya san wurin, har wasu sun ɗaga hannu za su tafa.

Bai ragu ba.

Kiɗan ya ƙara zafi. Muryar yarinyar nan ta tashi sama, ta wuce sauran, ta wuce ta Purvis, ta tsaya can tana sheƙi. Ozella ta ƙanƙame hannun kujera. Ƙas, ƙas. Purvis ya daina waƙa. Ƙahoni suka cika ɗakin. Sai wani tas! Sai ihu, dogo, mai tsaga, sannan kiɗan ya ci gaba da tafiya har ya dire.

Ozella ta jira duniya ta rufto.

Ɗakin ya fashe da sowa.

"Ruhu ya sauka!" Verlene ta miƙe tsaye. "Kun ji wannan ihun? Daga coci aka ɗauko shi!"

"Tafi ɗaya, ihu ɗaya, daidai kan kiɗa," Kessler yana faɗa, idonsa ya yi ƙwalla. "Tsikar jikina tashi take duk lokacin da na ji."

A garin nan an saba da ihu cikin waƙa. A coci ake koyon sa, a dandali ake sayar da shi, har kunnuwa suka daina bambanta na daɗi da na azaba. Waɗanda suka san bambancin kuwa, tsofaffin da ke jikin bango, su ne suka fi kowa ƙarfin tafi.

"Wa ya yi shi, Purvis?" wani ya tambaya.

Purvis ya ɗora hannu a kafaɗar Ozella, zoben ya taɓa fatar wuyanta, sanyi ƙalau. "Ga ta nan. Ba kowa ya san yadda ake fito da murya daga cikin mace ba. Ni na sani." Ya kashe wa Renita ido. "Ke ma za ki yi irinsa kafin mu dawo."

Renita ta yi dariya.

Dariyar nan ce ta tsinka wani abu a cikin Ozella. Tun shigowarta take tsoron kada a ji. Yanzu an ji, an tafa, kuma jibi yarinyarta za ta hau motar. Tsoron da ya kama ta a lokacin ya haɗiye na farkon.

"Yaro," ta ce wa Kessler. "Ɗan nan. Maimaita mana ƙarshen. Amma murɗa abin nan naka, ka bar hagu kaɗai. Kunnena ɗaya ne, ina so in ji kaina."

"Da gudu, uwargida!"

"Ba sai an maimaita ba," Purvis ya ce. Yatsunsa suka matse kafaɗarta. "Abinci yana hucewa."

Ta ji ƙashinta yana neman ƙara. Ba ta dube shi ba, don ta san in ta duba ta gama. "Maimaita," ta ce.

Kessler ya riga ya danna.

Ba ƙaho, ba Purvis. Ganga kawai daga nesa, da 'yan mata uku a kan makirfo guda, kusa har kana jin leɓɓansu. Muryar ta hau sama. Ƙas, ƙas, daga can. Sai takun takalmi a kan katako, yana matsowa, ba gaggawa. Ɗaya daga cikin 'yan matan ta ja numfashi ta yi baya. Sai muryar namiji, ƙasa-ƙasa, dab da makirfon, kowace kalma garau kamar yana cikin shagon:

"Wa ya ce ki hau kaina?"

Tas.

Ba mai hannu biyu da zai kira wannan tafi. Ihun ya biyo, bayansa wani abu mai nauyi ya faɗi, kacau-kacau ɗin kiɗa da ke hannun mai ihun ya gangara ƙasa. Gangar ta yi tuntuɓe sau ɗaya, ta gyara, ta ci gaba. Muryoyi biyu suka ci gaba da amshi, suna rawa. Ƙarƙashinsu, wata tana nishi a ƙasa.

Kessler ya kashe na'urar, fuskarsa ta yi fari fat.

Ozella ta ture hannun daga kafaɗarta ta miƙe. Ba taron ta duba ba.

"Renita, ba zazzaɓi ba ne. Kin ce in ba ki dalili guda."

"Haba, Ozella," Verlene ta ce a hankali, tana waige-waige. "Yau ranar farin ciki ce. A bar kaza cikin gashinta mana. Zamanin da ne, kowa ya sha irin nasa."

Purvis ya yi dariya, amma ita kaɗai ta fito, ba ta sami 'yar rakiya ba. "Mace ta zame ta faɗi shekara aru-aru, yau ta zo da labari. Elroy, kana wurin. Gaya musu."

Duk ido ya koma kan tsohon. Ya dubi tafin hannunsa, ya juya su.

"Fitila tana kunne," ya ce da ƙyar. "Ozella, kin san doka. Fitilar tana kunne."

Iyakar abin da ya iya ke nan. Bai ce ƙarya take ba, bai ce gaskiya take ba. Namiji mai jikoki, har yau yana tsoron fitilar da aka kashe tun kafin a haifi rabin mutanen ɗakin.

Purvis ya gyara kwat. Ya ɗauki kofin gilashi daga tebur, ya dubi Renita, ya buga zoben a jikinsa. Ƙas, ƙas. "Litinin da safe, 'yan mata. Ba na jiran kowa."

Ozella ta dubi Renita. Yarinyar tana durƙushe inda take, ba ta motsa ba, idonta a kan zoben. Shekara nawa take mafarkin motar nan? Ta sayi akwati, ta gaya wa ƙawayenta, ta ajiye aikinta.

"Ranar Alhamis ka yi mini wannan," Renita ta ce a hankali. "Wajen gwaji. Na tambayi mai jita, ya ce haka kake riƙe kiɗa."

"Haka nake riƙe kiɗa."

"Na ji yadda kake riƙe shi." Ta miƙe. Muryarta ta kai bango. "Ka nemi wata tsuntsuwar, Mista Gaither. Kawu Elroy, kai ka riƙe ni ranar da aka yi mini baftisma. Da jibi ka zauna kujerar bayana a mota, ka yi shiru?"

Tsohon bai ɗago ba.

Purvis ya yi taku ɗaya. Ozella ta ga kafaɗarsa ta dama ta ɗan ja baya, yadda ta ja ranar. Ba ta san lokacin da ta shiga tsakaninsu ba. Ta tsaya, ta juya masa kunnenta na dama, mai ji, ta runtse ido.

Ba abin da ya sauka. Da ta buɗe ido, yana duban mutane, mutane suna duban sa. Wannan karon ba mai kiɗa da zai rufe masa. Ya sauke hannun, ya cusa a aljihu.

Mutane suka buɗa wa uwa da 'yar hanya. Wata mata ta taɓa hannun Ozella da suka zo wucewa, ta yi maza ta janye, kamar ta yi laifi.

A waje rana tana dukan kwalta. Ozella ta kasa sa makulli a ƙofar mota, har ya faɗi. Ta yi ta waigen ƙofar shagon. Renita ta ɗauki makullin, ta zaunar da ita, ta zagaya ta shiga wurin tuƙi. Nan kuwa kunnen uwar na hagu ne ke fuskantar ta. Ta faɗi wata magana, Ozella ba ta ji ba.

"Me kika ce?"

Renita ta kamo haɓarta a hankali, ta juyo da fuskarta.

"Na ce, wannan muryar da ta hau sama. In mun je gida, ki koya mini ita."

Kafin motar ta tashi, daga cikin shagon, wani ya sake kunna faifan daga farko.